Akushin Kwanaki da Ƙwan Zabuwa

Ga ta nan, ga ta nanku, ku masu gyangyaɗi ku buɗe ido.

Ta zo mu ji ta, Kaka!

Wata Zabuwa ce ta saka ƙwai goma sha biyu a tsakiyar gonar gero ta Nomau. Ta yi ta kwanci, har ya rage kwana huɗu ta ƙyanƙyashe. Rannan da safe sai ta jiyo gangar noma daga bakin gari. Ashe Nomau gayya ya kira, samari sun fi arba'in, kowa da fartanya. Kun san hannun samari in ya kai kan ƙwan zabo, sai tukunya.

Zabuwa ta miƙe daga kan ƙwanta. Ta sheƙa a guje sai maƙerar Kunkuru.

"Baba maƙeri, ka cece ni! Kwana huɗu nake nema kafin hantsi."

Kunkuru ya jawo wani akushin ƙarfe da ya ƙera, da mazari kafe a bayansa. Ya ce, "Duk abin da kika kife da wannan, in kika murza mazarin sau ɗaya, ya kwana ya wuni a ciki, mu a waje ko tari ba mu gama ba. Amma 'yata, kwanan ciki kwana ne na gaske. Da yunwarsa, da ƙishinsa, da sanyinsa."

Zabuwa ba ta tsaya jin ƙarshen ba, ta kinkimi akushi ta yi gaba. A hanya ta gamu da maƙwabciyarta Kaza, wadda aka kwashe wa ƙwai aka kai kasuwa, tana yawo tana neman abin da za ta kwanta a kai. Kaza ta kama mata suka ɗauka tare. Kurege kuwa ya biyo su yana lashe baki.

Zabuwa ta hau kan ƙwanta, Kaza ta kife ta, ta murza sau ɗaya. Da aka ɗaga, sai Zabuwa ta yi tsalle waje tana haki.

"Wayyo Yaya! Duhu, ba iska, ba wanda zan yi wa surutu! Ba zan iya ƙara uku ba, mutuwa zan yi."

Ai kun san Zabuwa, gindinta ba ya zama wuri ɗaya.

Kurege ya ce, "Uwar ɗakina, me ya yi zafi? Kife ƙwan su kaɗai, ki murza, ki huta."

Kaza ta harare shi. "Kwana uku ba ɗumin uwa? Su huce su lalace, kai kuma ka samu na baka. Ƙanwata, debo mini tsaba da ruwa a kasko. Ni zan shiga."

Zabuwa ta kife Kaza. Ta murza ɗaya. Ganga ta iso bakin gona.

Kurege ya matso. "Ɗan leƙa mana, ko ta fara shanye miki ƙwan."

"Ba zan leƙa ba."

Ta murza na biyu. Tana jin ƙarar fartanya, kaf, kaf, saura kunya goma.

Kurege ya ce, "Bar shi haka, ki ɗauki biyu ki gudu. Ni zan kula da sauran."

"Ba zan gudu ba."

Ta murza na uku. Saura kunya uku, har tana ganin ƙafafun samari ta cikin gero.

Kurege ya ce, "Ƙara talatin! Su fito da fukafukansu, ku tashi sama gaba ɗaya." Shi kuwa lissafinsa, yunwa ta kashe Kaza ya samu nama.

Maganar ta shiga kunnen Zabuwa, don tsoro ya ci ta. Ta kama mazari. Sai ta tuna tsabar da ta zuba, ko tafi ɗaya ba ta cika ba. Ta saki mazari, ta kai wa Kurege sara a hanci, ya zura rami yana ihu.

Ta ɗaga akushi. Ga Kaza ta rame, gashinta duk ya zube, kasko ya bushe ƙayau. Ba ta motsi.

"Yaya? Yaya!"

Kaza ta buɗe ido ɗaya, ta ɗaga fiffike a hankali. Kawuna suka yi ta leƙowa. Zabuwa ta ƙirga sau uku, goma sha biyu cif. Ta yi ajiyar zuciya.

Suka sulale ta cikin gero, suka faɗa jeji. Samarin da suka iso ba su samu kome ba sai ɓawo.

Da suka kai gindin wata kalgo, Zabuwa ta buɗe fukafuki ta ce, "Ku zo, 'ya'yana." Ko ɗaya bai juyo ba. Duk suka ruga ƙarƙashin Kaza suna cewa, "Inna! Inna!"

Kaza ta ji nauyi. Ta ce, "Ƙanwata, ki yi haƙuri, zan gaya musu gaskiya."

Abin ya yi wa Zabuwa zafi, ba zan ɓoye muku ba. Amma ta dube su suna tsattsagar ƙasa, ta ce, "Bar su, Yaya. Su kira ki Inna, tun da dai suna da bakin kira."

Shi ya sa har yau ƙwan zabo kaza ake sa wa. Ana iya gaggauta kwanaki, amma dole wani ya zauna ya sha wahalarsu, kuma shi 'ya'ya za su sani.

Ƙurunƙus kan kusu, a tashi a kakkaɓe tabarma.