Jarka Goma na Ranar Juma'a

Ku matso ku ji, amma kada wanda ya yi mini katsalandan sai na dire.

Hajiya Tabawa tana da masana'antar sabulun ruwa a bayan gari. Abin da ke hana ta sukuni ɗaya ne: duk abin da aka haɗa da ruwa, ƙwayoyin cuta na son sa. Don haka kowane tanki sai an zuba masa maganin kariya, kuma sai haɗin ya huce, domin zafi kashe maganin yake yi.

Wata Juma'a ana saurin tafiya masallaci, aka zuba maganin alhali tanki na tururi. Aka ɗura, aka rarraba.

Bayan kwana tara, Larai mai wankin tankuna ta ji ragowar wani sabulu yana wari kamar ruɓaɓɓen ƙwai, ga yauƙi. Aka yi mata dariya, wai hancinta ya cika iyayi. Ta kafe, ta kai wa Hajiya a kofi. Hajiya na shinshinawa ta hau tambaya. Wane haɗi ne wannan, kuma ina aka kai shi?

Isuhu mai haɗi, wanda shi ya yi aika-aikar, da ya yi shiru ba mai ganewa. Ya durƙusa ya ce, "Hajiya, ni ne. Na waccan Juma'ar ne, kuma jarka goma asibitin haihuwa na tsallaken kogi aka kai."

Hajiya ta zube ƙasa tana salati. A can 'yarta ta haifi bakwaini jiya, fatarsa ko tauri ba ta yi ba. Aka yi ta kiran waya, ba ta shiga.

Haladu direba ya figi mota. Ya tarar ruwa ya cinye gada, ya bar motar, ya faɗa kogin, alhali iyonsa bai taka kara ya karya ba. Ya isa jiƙe sharkaf, ungozoma ta riga ta tsiyaya sabulun a ruwan wanka, jaririn na hannunta. Ya ƙwalla ƙara, "Baba, kar ki sa shi!"

Yaro ya tsira. Hajiya ta rantse mutum ɗaya za ta damƙa wa ragamar masana'antar, don ta tsorata da aikin. Ga wadda ta ji warin, ga mai laifin da ya tona kansa, ga wanda ya sayar da ransa a kogi.

To, ku da kuke zaune, wa za ta ba?