Sunan da Mudi ya bari

Ranar da Hansatu ta haihu babu uba a gidan. Mijinta Mudi ya rasu saura kwana tara ta sauka, ciwon ciki na kwana uku. Ga takaba, ga jego, ga 'ya mace ita ba ta san sunan da ubanta ya so mata ba. Ita Hansatu ko kuka ta gaji da yi. Abu ɗaya take so, a kira yarinyar da abin da Mudi ya zaɓa.

Mudi ya bar 'yan'uwa uku maza. Babbansu Zubairu shi ya yi jinyarsa a asibiti, shi kaɗai ya kai kunne bakinsa ya ji ya ce, "In mace ce, Rumasa'u." Hansatu ta sa aka duba waya, waya ta ce ma'anarsa furen Aljanna. Da aka kai wa liman, ya girgiza kai. "Waya ba malamina ba ce. Ba na raɗa sunan da ban san asalinsa ba."

Sai na biyun, Haladu, ya hau mota har Zariya, ya wuni a zauren wani malami ana buɗe littattafai. Ya dawo da ƙura har gira, ya ce sunan sahabiya ne, yana da asali, amma zancen fure babu shi ko a littafi ɗaya. Liman ya yarda. Hansatu kuwa ta juya fuska bango. "To in ba furen ba ne, me Mudi ya gani? Yaya Zubairu, anya ba zafin ciwo ne ya sa shi sambatu ba? A fasa sunan kawai."

Saura ƙaraminsu Ila. Ya ɗauki babur ya tafi ƙauyensu, ya bi tsofaffi gida-gida. Can wata makauniya ta yi dariya ta ce, "Kai yaro, Iya ta Gangare fa! Wadda ta shayar da Mudi da uwarku ta kwanta ciwo. Kunya ce ta hana ku jin sunanta, amma Rumasa'u aka yanka mata." Da Hansatu ta ji, sai ta ce a sa sunan.

Allah ya jiƙan Mudi, ya raya abin da ya bari. Ku ce amin.

Gari ya waye ranar suna, an ɗaure rago, an raba goro. Liman ya ce wanda ke tsaye a madadin uba ya matso ya faɗa masa sunan a kunne, kuma riƙon yarinyar na hannunsa. Su ukun suka miƙe tare. Liman ya waiwaya ƙofar ɗaki ya ce Hansatu ta zaɓa, ita kuwa ko ɗaga kai ta kasa.

To jama'a, da wanda ya ji sunan, da wanda ya tabbatar da asalinsa, da wanda ya tono dalilinsa, wa za a ce ya matso?