Muryar Zabo a Bayan Danga

Na rantse, ko da zan ciko muku mota da shaidu, wasunku ba za su yarda da labarin nan ba. Ni da kuka sani, daga Bebeji har Doguwa ba a haifi wanda ya kai ni tsokana ba, amma da na ji wannan sai da na kife waya.

Akwai wani matashi a garin Yako da ake kira Habu. Ɗan acaɓa ne, yana jigila tsakanin Yako da Kwanar Dangora. Makaranta kuwa tun a sakandare suka yi hannun riga, bayan ya kwaikwayi muryar shugaban makaranta ya sallami ɗalibai gida da hantsi. Baiwarsa ke nan, kwaikwayon murya. In ya yi kukan jariri, sai ka ga mata suna waige.

Abokan tasowarsa duk sun watse. Wasu suna karatu a Kano, wasu sun tafi haƙar ma'adinai Riruwai. Habu ya rage da babur da waya. Yana ɗora bidiyon tsokana, mutanen da bai taɓa gani ba suna turo masa alamar dariya, shi kuma ya ci tuwonsa shi kaɗai a ƙofar shago.

A ƙarshen garin akwai gidan wani dattijo, Baba Ɗahiru Mai Zane. Matarsa ta rasu da daɗewa, Allah bai ba su haihuwa ba. Yaran yanzu sun san shi a matsayin tsohon da ba ya zama a majalisa. Kaɗan ne suka san abin da ya yi a ƙuruciya.

A zamanin da talabijin take baƙi da fari, lokacin da gari guda kan taru a gaban akwati ɗaya, Ɗahiru yana zanen jikin manyan motoci a Kwanar Dangora. Wani ma'aikacin gidan talabijin ya ga zanensa, ya tafi da shi birni. A lokacin zanen barkwanci duk na ƙasashen waje ne, yara suna dariya ba tare da sun ji abin da ake faɗa ba. Aka ce masa ya yi na gida.

Ba su da na'ura, sai kyamara ɗaya. Ɗahiru ya zana kasuwa a babban kwali, da rumfuna da bishiyar ɗorawa. Ya yanko Hawainiya da Zabo daga wani kwalin, ya ɗaure musu baki da ƙafafu da zare, yana motsa su da tsinken tsintsiya. Hawainiya mai facin keke ce, ba ta taɓa gama aiki. Zabo kuwa kullum sauri yake, bai san inda za shi ba. In za a yi gudu, a kaɗa tsakuwa a gwangwani. In Zabo ya faɗi, a doki ƙwarya.

Murya kuma kai-tsaye ake yin ta. Ɗahiru ne Hawainiya, amininsa Idi, mutumin Doguwa, shi ne Zabo. Suna durƙushe a bayan allo, wannan ya faɗa, wancan ya mayar. Ba a ajiye ko faifai ɗaya ba, domin a kan tsohon faifan ake ɗaukar sabon shiri. Da aka daina shirin, Ɗahiru ya dawo gida da kwalayensa a akwatin ƙarfe. Daga baya Idi ya rasu.

To ga abin da Habu ya gano. Wata rana bayan la'asar babur ɗinsa ya mutu a bayan gidan tsohon. Yana ƙoƙarin tayar da shi sai ya ji wata murya a hankali, ana jan kowace kalma. Ya leƙa ta kafar dangar kara.

Baba Ɗahiru ne zaune a tabarma. Ya jingina kwalin kasuwa da turmi, yana motsa Hawainiya. Sai ya faɗi maganarta, ya yi shiru, yana buɗe bakin Zabo yana rufewa ba sauti. Ya jira daidai tsawon amsar da babu mai bayarwa, sannan ya ci gaba. Bai taɓa yin muryar Zabo da kansa ba. Wurin Idi ne, ya bar masa.

Wani zai ga haka ya ji tausayi. Habu bidiyo ya gani.

Washegari ya dawo ya laɓe, ya saita waya a kafar danga. Tsohon ya motsa Hawainiya ya ce, "Zabo, ka dawo baɗi, na kusa gano inda tayar ta huje."

Ya yi shirunsa. Habu ya matse hanci ya sako wata siririyar murya mai sauri: "Tun bara kike faɗin haka, kekena har ya yi saiwa a rumfarki."

Tsinken ya faɗi daga hannun tsohon. Habu ya cije leɓe yana jiran ihu da salati da gudu. Ba a yi ko ɗaya ba. Baba Ɗahiru ya daɗe yana kallon kwalin, bai waiwayi dangar ba. Can ya sunkuya ya ɗauki tsinken, ya ce da muryar Hawainiya, "To ka bari ya yi 'ya'ya, sai mu raba."

Haka suka yi har rana ta yi ja.

Habu ya ɗora bidiyon ya rubuta cewa ga tsohon da aljani yake taya hira. Bai nuna kansa ba. Kafin mako ya zagayo an gani a Kiru, an gani a Bebeji, 'yan acaɓar Kwanar Dangora suna ta maimaita maganar saiwa. Habu yana jin su, ƙirjinsa kamar ya fashe don son ya ce shi ne.

Abin da bai faɗa wa kowa ba shi ne ya ci gaba da zuwa, har ranakun da bai kunna waya ba. Da la'asar ta yi sai ya ga babur ya nufi bayan gidan. Ya lura tsohon ya fara wanke rigarsa. Ya lura yana jawo tabarmar kusa da danga. Wata rana ma ya tarar da kofin kunu an rufe da faifai a gindin dangar, ta wajen da yake tsugunawa. Ya shanye, ya ce wa kansa ai na aljani ne.

Amma gari ya ɗauka. Tani maƙwabciyar tsohon ta ce ita da kunnenta ta ji murya biyu a gidan mutum ɗaya. Aka ce dama gumakan kwalin nan ba banza ba. Yara suka daina bi ta layin, mai kawo masa nono ta canza hanya. A masallaci ana gaisawa da shi da ɗan yatsa.

Magana ta kai Tudun Wada, wurin Ja'afar, ɗan ƙanen Baba Ɗahiru, mai sayar da masara. Ja'afar mutumin kirki ne, shi yake aiko masa da hatsi. Ya zo hankali a tashe, ya durƙusa ya tambayi tsohon da wa yake magana. Baba Ɗahiru ya ce da Zabo. Ya sake tambaya, ya roƙe shi don Allah, amsar ba ta canza ba. Ja'afar ya fita yana share ido. Ya yanke cewa ranar Juma'a za a ƙone kwalayen, ya tafi da shi Tudun Wada a nema masa magani.

Habu ya ji labari a tasha. Kalma ɗaya daga bakinsa ta isa ta kashe maganar. Amma ya san in ya faɗa, dattawan Yako ba za su bar shi ba, kuma wa zai ƙara hawa babur ɗin wanda ya mayar da tsoho mahaukaci? Ya ce a ransa ai kwali ne kawai. Ya yi kwana biyu bai je bayan dangar ba. Da la'asar sai ya zauna a kan babur yana latsa waya, ba ya ganin abin da yake latsawa.

Ranar Juma'a bayan an sauko, mutane suka taru a ƙofar gidan. Habu ya tsaya can baya. Aka fito da akwatin, aka hura wuta da kara. Ja'afar ya fara ɗauko babban kwalin kasuwa ya sa a wuta. Rumfunan da bishiyar ɗorawar suka nannaɗe suka yi baƙi, tsohon yana tsaye yana kallo.

Da Ja'afar ya kai hannu kan Hawainiya da Zabo, Baba Ɗahiru ya ce, "Ja'afaru, bar ni in sallame su."

Aka miƙa masa. Ya zauna a dakali, ya riƙe ɗaya a dama ɗaya a hagu. Ya motsa Hawainiya, ya ja murya: "Zabo, yau na gama facin. Zo ka ɗauki kekenka, zan rufe rumfa."

Ya yi shiru. Ya buɗe bakin Zabo, ya rufe, ya sake buɗewa.

Ni dai ban sani ba ko tausayi ne, ko kuwa bakin Habu ne da bai taɓa iya ganin fili ya ƙyale ba. Shi kansa bai sani ba. Sai dai aka ji siririyar murya daga bayan taro: "Yanzu da na saba da tafiya a ƙasa? Sake huda shi, gobe ina nan tafe."

Kowa ya waiwaya. Ga Habu, yatsu biyu a hanci.

Tani ce ta fara magana, ta ce, "Au, ashe aljanin da babur yake zuwa." Wasu suka yi dariya, Ja'afar bai yi ba. Ya shaƙo wuyan rigar Habu ya jawo shi gaban dakali, yana cewa sai an kai shi wurin mai gari. Ya juya ya tambayi tsohon, cikin ɓacin rai, me ya sa bai ce mutum ba ne.

Baba Ɗahiru ya ce, "Na san mutum ne tun ranar farko. Idi ya rasu, ni na sa shi a kabari. Kuma Idi ba ya katse ni, wannan kuwa gaggawa ta yi masa yawa."

"To Baba, me ya hana ka leƙa?"

"Tsoro na ji in leƙa ya gudu."

Babu wanda ya sake dariya. Habu ya durƙusa, ya ce, "Baba, ka yafe ni."

Dattawa suka ce tsohon ya faɗi abin da za a yi masa. Ya dubi tokar kasuwarsa, ya ɗaga hannunsa mai rawa ya nuna wa Habu. Ya ce wannan hannun ya daina riƙe burushi, don haka Habu ne zai sake zana kasuwar, rumfa bayan rumfa, ko da zai shekara yana ɓatawa. Zai kuma fito da fuskarsa a wayar ya gaya wa duniya wane ne aljanin.

"Sannan kullum bayan la'asar ka zo," in ji shi. "Ta ƙofa. Ka yi sallama kamar ɗan mutane."

Ja'afar ya saki rigar. Tsohon ya miƙa wa Habu Zabo, da tsinkensa da zarensa.

Darasi: Kafin ka mayar da wani abin dariya a waya, ka tambayi kanka me ya sa yake yin abin da yake yi. Wani ba hauka ke damunsa ba, rashin mai amsa masa ne. In akwai dattijon da ke zaune shi kaɗai a unguwarku, kada ka tsaya leƙe ta danga, shiga ta ƙofa ka gaishe shi. Ku tura wa 'yan tsokana irina, ko Allah zai sa mu ji.