Tsiron da Ya Tona Ramin Gafiya

Ga ta nan tafe gare ku!

Ta iso, muna saurare.

Gafiya ta tara ƙwayoyin ciyawa a ɓoyayyiyar ƙofar raminta. Kunkuru ya ce, "Ƙawata, kwashe su! Barci suke yi, hayaki ke tashinsu."

Ta ce, "Shekara uku ko motsi ba su yi ba."

Ran nan mafarauta suka cinna wa daji wuta. Gafiya ta lafe can ƙasa, hayaki na shaƙe ta, da ƙyar ta sha.

Da ruwan farko ya sauka, daji baƙi ƙirin, ƙofarta kaɗai ta yi kore shar.

Tana ciki ta ji hucin Kura a samanta: "Wa ya yi shuka a tsakiyar toka?"

Sai ƙasa ta fara zubo mata.

Ƙurunƙus, yau kan gafiya ne!