Turmin Tabawa a Maƙogwaron Tsagaruwa

Tabawa ba ta nan. Yau kwana arba'in da muka kai ta makwancinta, kuma tun daga ranar babu wanda ya yi mini faɗa don na bar takalmi a bakin ƙofa. Jikokina, ku matso. Jiya na ji ku a bakin gaɓa kuna yi wa Tsagaruwa, dodon tekun nan, dariya, wai ƙaton banza ne, jiki kamar tsibiri amma abincinsa 'yan kifayen da ba su kai yatsa ba. Dalilin da ya sa ya zama haka na san shi, don a gabana aka yi. Kakarku ba ta son a ba da labarin. Yanzu ba ta nan balle ta hana ni.

A da ba mai yi wa Tsagaruwa dariya. Can ƙasan Tekun Shuni yake kwana, inda hasken rana bai taɓa kaiwa ba. In yunwa ta taso shi, ruwa darewa yake yi gida biyu. Bakinsa kamar ƙofar gari, haƙoransa kamar taɓare. Yakan tauna jirgi yadda kuke tauna rake, ya tofar da itacen, ya haɗiye mutanen. Saboda haka duk jirgin da zai ƙetare sai ya ɗauki dabbobi uku. In ya taso a jefa masa ɗaya, matuƙa su ƙara ƙaimi kafin ya dawo.

Shekarar da rijiyoyin Tsibirin Ƙwarya suka zama gishiri, dole muka tashi zuwa wannan gaɓa. Lokacin uwarku Hajo tana goye, watanta biyar. Muna loda kaya sai ga Tabawa tana gangaro turminta. Turmin ƙirya ne, gadon kakarta, mata huɗu ke lugude a cikinsa. Daka ya huda gindinsa, Tabawa ta toshe hudar da guntun itace.

Jatau, mai jirgin, ya ce, “Baiwar Allah, ko wannan abu ko akuya ɗaya. Jirgina ba zai ɗauki duka ba.”

Na ce, “Haba Tabawa, hujajjen turmi? Ko kaza ba za ta sha ruwa a cikinsa ba.”

Ta ce, “Malam, kai ma haƙorinka ya huje, ban ce a bar ka a tsibiri ba.”

Mutane suka fashe da dariya. Ta hau kan turmin ta zauna, ta ce inda ya kwana nan za ta kwana. Jatau ya gaji, ya ce shekara ashirin yana ƙetarawa bai taɓa jefa dabba ta uku ba. Aka sauke akuya ɗaya. Muka tashi da akuya guda, da babban rago, da turmi.

Rana tana tsaka muka kai tsakiyar teku. Tsuntsaye suka ɓace, ruwa ya yi sanyi, sai ya dare. Aka jefa akuya, ta wuce kamar ba a jefa ba. Ba mu yi nisa ba ya sake tasowa, aka jefa rago. Wannan karon ya tsaya yana girgiza kai, yana kakari, da ƙyar ragon ya wuce. Dukanmu gaɓa muke kallo. Tabawa kaɗai ke kallon cikin bakinsa.

Da ruwa ya fara darewa karo na uku, gaɓa tana nesa, dabba kuma ta ƙare. Jatau ya juyo ya ce, “To, ga akuyarki ta uku nan, ta itace. Kin kashe mu.” Wani tsoho ya miƙe, ya ce shi ya ci zamaninsa, a jefa shi.

Tabawa ta ce, “Baba, zauna.” Ta kwance Hajo ta miƙo mini. “Malam, riƙe ta da kyau. Ka ga yadda ragon ya shaƙe shi? Bakin ne babba. Maƙogwaron bai kai faɗin turmina ba.”

Ta zuba hannu a tukunyar man shanu ta shafe turmin sama da ƙasa, ta fizge buzun da nake zaune a kai ta naɗe shi, don ya yi warin dabba. Ta ce wa Jatau, “In ka gama zagin, kama nan.” Suka gangara shi bakin jirgi.

Tsagaruwa ya taso dab da mu. Warin bakinsa ya sa wasu suka yi amai. Jatau zai saki, ta ce, “Tukuna. Bari ya buɗe duka.” Na ga haƙoran sun rufe mana rana. Na danne kan Hajo a ƙirjina. Sai na ji ta ce, “Yanzu!”

Ba ta saki turmin ba sai da ta daidaita shi da tsakiyar maƙogwaron. Nan haƙori ya kama hannunta na hagu. Yatsu biyun nan da ta ce muku ƙofa ce ta datse, ba ƙofa ba ce.

Ya haɗiye, turmi ya tsaya. Kowace mace ta san in busasshen turmi ya sha ruwa kumbura yake yi, ƙirya kuma ba ta ruɓewa. Kwana uku yana birgima, teku yana dukan gaɓa. Ba don toshiyar gindin turmin ta fita ba, da ya mutu. Hudar da na raina, wadda ba ta fi dunƙulen hannu ba, ita ta zama hanyar abincinsa.

Da muka sauka ana ɗaure mata hannu tana kuka. Na ɗauka zafi ne. Ta ce, “Turmin kakata, Malam.” Turmi huɗu na sassaƙa mata a zamanmu, kowanne ta ce sautinsa bai yi ba.

Shi ya sa har yau Tsagaruwa ke bin 'yan kifaye da ƙaton bakinsa, jirage kuma na wucewa ta gefensa ba akuya ba rago. Fiton nan da kuke ji in ya taso shan iska, iska ce ke bi ta hudar turmin kakarku. Ku yi masa dariya in kuna so, amma ku san wadda ta ba ku damar yin ta. Da an bi maganata a bakin jirgi, da babu uwarku, babu ku.

Jiya da ya yi fito na juya in ce, “Tabawa, ji turminki,” sai na ga tabarmarta ba kowa. Ku ɗaga hannu, ku da duk wanda labarin nan ya iske. Allah ya jiƙan Tabawa, ya yalwata mata kabarinta, ya mayar mata da yatsunta a Aljanna, ya haɗa ni da ita ko da faɗa za ta yi mini. Ku ce amin.