Yaron Da Ke Jikin Bangon Baba Evaristo

Akwai wani matashi a Manchester mai suna Harun, aikinsa kula da tsofaffi a gidajensu. Gida tara yake shiga a rana, kowanne minti ashirin. Ko shayi a tsaye yake sha.

Mahaifiyarsa tana Small Heath a Birmingham, wajen ƙanwarsa Marwa. Umma tana da wani hali: in ta yi kewarsa sai ta sa a ce masa jikin ya tashi. Sau uku yana barin aiki ya hau jirgin ƙasa, ya tarar da ita tana tuƙa tuwo tana dariya.

Ran wata Talata da hantsi saƙon Marwa ya shigo: "Yaya, ka zo yau. Umma ce."

Ya ja tsaki, ya hau benen wani gidan haya a unguwar Whalley Range.

Mai ɗakin shi ne Baba Evaristo, ɗan Ajantina, shekararsa tamanin da biyar. A bangonsa akwai tsohon hoton wani yaro da hawaye a kumatu. Wata shida Harun yana wuce hoton nan bai taɓa tambaya ba.

Yana cikin ɓalle masa magani wayarsa ta yi ƙara. Ya katse. Ta sake, ya sake katsewa.

"Budurwa ce?" in ji tsohon.

"Ina na ga ta budurwa, Baba? Wai mahaifiyata ba lafiya. Kullum haka take yi don in je."

Tsohon ya ture maganin. "Zauna."

"Baba, minti shida ya rage min."

"Ni ƙila abin da ya rage min ke nan a duniya, kuma ban yi gaggawa ba. Zauna, sarkin sauri."

Harun ya ɗosana a bakin kujera, ƙafarsa na rawa.

"Yaron can ni ne. Ina shekara bakwai na fara fim a Buenos Aires, na yi guda goma sha ɗaya. Don kuka ake ɗaukata. Ka san yadda suke sa ni? Mai ba da umarni zai durƙusa ya raɗa min a kunne cewa uwata ta mutu. In fashe da kuka, a ɗauka, a tafa, sai a fito min da ita daga bayan labule."

Ƙafar Harun ta daina rawa.

"Ina shekara goma sha biyu kawuna ya zo wajen ɗaukar fim ya ce tana asibiti, tana kirana. Na yi dariya. Na ce na girma da wannan wayon. Na ƙarasa aikina, har da cin alewa. Da na koma gida an rufe mata fuska."

Tsohon ya kalli hoton.

"Ko sau ɗari aka yi maka ƙaryar nan, ɗana, ka je. Ranar gaskiyar ba ta zuwa da wata alama."

Harun ya kira ofis ya ce a nemi wanda zai ƙarasa masa. A jirgi ya kasa zama, sai kai da komo tsakanin kujeru, yana ƙirga tashoshi.

Kafin la'asar ya isa asibitin da Marwa ta ce an kwantar da Umma. Marwa tana bakin ƙofa, idonta jawur.

Umma ba ta iya magana. Amma ta buɗe ido, ta kama babban yatsansa kamar yadda take kama shi in za su tsallaka titi yana yaro. Ya yi ta karanta mata kalmar shahada, leɓenta na bi. Ana kiran magariba hannun ya saki.

Bayan sadakar bakwai Harun ya koma Whalley Range. Ya tsaya gaban hoton.

"Ka same ta?" in ji tsohon.

"Na same ta, Baba."

Tsohon ya rufe fuska da tafin hannu. Ran nan a zaune Harun ya sha shayi.

Darasi: In uwa ta kira, ka amsa, ko kana zaton wasa take; wahalar tafiyar banza kwana ɗaya ce, nadamar ƙin zuwa kuwa har tsufa. Kuma kada ka raina zama da tsoho. Ku tura wannan labari ga wanda uwarsa ke raye. Mu da muka rasa namu, ku sa su a addu'a.