Kujerar da Ke Kallon Ƙofa

Akwai wani kafinta a wata unguwa wanda sana'arsa ta cinye sunansa. Kowa Kafinta yake ce masa, har matarsa idan ranta ya ɓaci. Shi ne babba a gidansu. Tun da mahaifinsu ya rasu shi ke kai Inna asibiti, shi ke hawa rufi idan ɗaki ya fara yoyo, shi ake tasowa daga shago idan yaran gidan suka yi ɓarna a maƙwabta.

Ƙaninsa kuwa, autan Inna, soja ne. Ya daɗe a fagen daga har ya kai muƙamin saje, sannan aka sallamo shi ya dawo gida da jaka ɗaya da ɗan ɗingishi. Daga ranar mutanen unguwa suka koma kiransa Saje.

Da farko babu wanda ya kai Kafinta murna. Shi ya ɗauko jakar daga tasha, shi ya share ɗakin da za a sauke shi. Amma kafin wata ya zagayo murnar ta fara tsami.

Maƙwabtan da suka saba ɗaga masa hannu daga nesa, yanzu har cikin gida suke shigowa su durƙusa su gaishe da ƙaninsa. Inna kuma ta kafa sababbin dokoki: kada a buga ƙofa, kada yara su fasa leda a tsakar gida, kada kowa ya taɓa Saje in yana barci. Ranar da ta ce Kafinta ya daina ɗan aikin gudumar da yakan yi a gida da yamma, sai da ya juyo ya dube ta.

"Inna, gudumar nan fa ita ta riƙe gidan nan lokacin da wasu suke can ana tafa musu."

"Na sani, Babba. Ka kai ta shago dai."

Har 'yarsa ƙarama, wadda saboda shaƙuwarsu ake ce mata 'Yar Baba, ta sauya sheƙa. A da tana dawowa daga makaranta take rugawa ta ɗare bayan ubanta ta shaƙe masa wuya. Yanzu kuwa bakinta ba ya hutawa: Baffa Soja ya ce kaza, Baffa Soja ya koya mini sarawa irin ta sojoji. Kafinta yakan yi dariyar yaƙe, amma abin yana sukar sa.

Duk wannan da ya haɗiye, in ba don maganar kujera ba.

A falon gidan akwai kujerar marigayi mahaifinsu, a can kusurwa, bayanta manne da bango, fuskarta tana kallon ƙofa da taga. Tun rasuwarsa ba wanda ya zauna a kai. Kafinta da hannunsa ya canza mata ƙafafu, ya sa mata sabon soso, ya goge katakon har yana ƙyalli. A ransa jira yake wata rana Inna ta dube shi a gaban jama'a ta ce, "Babba, zauna a wurin ubanka." Shekaru suka wuce, ba ta ce ba.

Saje kuwa, ranar da ya fara shiga falon, ya tsaya a bakin ƙofa ya bi ɗakin da kallo lungu-lungu, sannan ya miƙe kai tsaye ya zauna a kujerar. Bai nemi izinin kowa ba, Inna kuma ba ta hana shi ba. Daga nan kullum nan ne wurinsa.

Kishin ɗan'uwa mugun abu ne, jama'a, don kunya ba ta barin mutum ya kira shi da sunansa. Kafinta bai taɓa cewa yana ƙyashin ƙaninsa ba. Cewa yake tarbiyya ce ta lalace.

Wata rana matarsa ta ce masa, "Maigida, ni fa gani nake Auta ba shi da cikakkiyar lafiya. Ka lura ko abinci yake ci idonsa yana kan ƙofa? Jiya murfin tukunya ya faɗi, wallahi sai da ya yi fari fat."

"Lafiyarsa ƙalau," in ji Kafinta. "Mulki yake ji. Ya saba ana ƙame masa a bariki, ya zo nan yana so mu ma mu ƙame. Kallon ƙofar da kike gani, so yake ya ga wa zai shigo bai gaishe shi ba."

"To Allah ya sa haka ne."

"Ke ma kin koma layinsu ke nan? Gidan nan kaf an manta waye babba. Zan tuna musu."

Dama ta samu ranar da surukansa, mahaifin matarsa da ƙannensa, suka aiko cewa za su zo yi wa Saje barka da dawowa. Abin ya ƙara ƙona masa rai, don shi da ya kwanta zazzaɓi bara, a waya suka gaishe shi.

Tun kafin baƙin su iso ya yi wanka, ya sa manyan kaya, ya shiga falo ya hakimce a kujerar marigayi. Ya jera wa baƙi sauran kujerun jikin bango. Sannan ya ɗauko benci ya ajiye a tsakiyar ɗaki, ta yadda duk wanda ya zauna a kai zai fuskanci baƙin, ya ba ƙofa baya.

Da baƙi suka zauna, Inna ta shigo da Saje. Ya gaisa da kowa, ya ɗaga ido ya ga yayansa a kusurwa, ya dubi bencin, sai ya ja ya tsaya a jikin bango.

"Auta, zauna mana," in ji Kafinta, yana nuna bencin. "Ko sai an buga maka ganga?"

"Yaya, bari in tsaya a nan, ba komai."

"Ka tsaya a kan manya kamar mai gadi? Haka aka koya muku a can? Zauna."

Inna ta buɗe baki za ta yi magana, sai ta dubi surukai ta yi shiru, don ba ta son ta kunyata babban ɗanta a gabansu. Saje ya zauna. Kafinta ya ji wani sanyi ya ratsa zuciyarsa, irin wanda ya daɗe bai ji ba.

Ana ta hira, Saje yana amsawa da ƙyar. Gumi ya jiƙa masa wuyan riga, hannuwansa sun damƙe gefen bencin, kafaɗunsa sun ɗage kamar mai jiran duka. Kafinta ya ga duk wannan, amma a ganinsa zafin an sauke shi daga gadon mulki ne.

Ana cikin haka 'Yar Baba ta dawo daga makaranta. Ta ga takalman kakanta a ƙofa, ta ga bayan Baffa Soja a fili, abin da ba ta taɓa samu ba tun zuwansa. Sai ta yi sanɗa, ta daka tsalle ta ɗare bayansa ta shaƙe masa wuya, yadda ta saba yi wa ubanta.

Kafin kowa ya ƙifta ido, Saje ya ƙwalla wata irin ƙara, ya cafki hannunta, ya wurgo ta ta saman kafaɗarsa ya maka ta da ƙasa. Gwiwarsa har ta kusa kai wa ƙirjinta lokacin da ya ga fuskar da ke ƙarƙashinsa.

Sai yarinyar ta fasa kuka, hannunta ya lanƙwashe ta inda ba ya lanƙwasawa.

Kafinta ya ture ƙaninsa ya sungumi 'yarsa, yana ihu a gaban surukansa: "Mahaukaci! Kun ga abin da kuke ta lallaɓawa! Mahaukaci ne kuka ajiye mana a gida!" Saje kuwa yana zaune a ƙasa yana kallon hannuwansa.

A asibiti aka tabbatar karaya ce, aka yi mata ɗori. Da suka dawo gida da la'asar, ɗakin Saje a buɗe yake, babu shi babu jakarsa. Inna tana zaune a bakin ƙofar ɗakin, idonta ya kaɗa ya yi ja.

"Ka samu kujerarka, Babba," ta ce. "Ka san dalilin da ya sa yake zama a kanta? Ita kaɗai ce a falon nan mutum zai zauna bayansa a bango yana ganin ƙofa. Suna cin abinci ne shi da amininsa a wani ɗaki da suka yi sansani, sun ba ƙofa baya, aka shigo musu. Aminin a jikinsa ya cika. Tun daga ranar ba ya iya zama ƙofa tana bayansa, ji yake kamar numfashinsa zai ɗauke."

"To me ya sa ba a faɗa mini ba?"

"Shi ya roƙe ni. Ya ce ko kowa zai sani, ban da Yaya, don kai yake jin kunya ka ga ya dawo a haka. Ni ma da laifina da na biye masa. Amma kai da idonka ka ga gumin da yake yi, Babba."

Lallai Kafinta ya ga gumin, ya kuma ji daɗin ganinsa, wannan ne abin da ya kasa haɗiyewa.

A tasha ya samu Saje, a rakuɓe a jikin bangon wani shago, jakarsa a kan cinya. Motoci sun yi ta cika suna tashi, shi yana jiran wadda zai samu kujerar can ƙarshe, don ba zai iya zama da mutane a bayansa ba. Kafinta ya tsuguna a gabansa, ya rasa ta inda zai fara.

Saje ne ya riga shi. "Yaya, ya hannun nata?"

"An ɗora. Zai warke. Auta, ni na ajiye bencin nan, kuma da gangan na yi. Na ɗauka kujerar Baba kake so ka ƙwace, na ɗauka girman gidan kake nema. Ƙyashinka nake ji tun da ka dawo."

Saje ya dube shi kamar bai fahimci maganar ba, sannan ya yi wata gajeriyar dariya mai ciwo.

"Ni kake ƙyashi? Yaya, sau da yawa nakan zo daura da shagonka in tsaya ina kallonka. Ka sunkuya kana goge katako, ka ba titi baya, mutane suna ta wucewa, ko a jikinka. Ka gama ka kishingiɗa a benci ka yi barcinka. Wallahi da za a ce in ba da ɗayar ƙafar tawa a ba ni wannan, da na bayar."

Kafinta ya kama hannunsa ya fashe da kuka a tsakiyar tasha, ƙaton mutum, masu lodi suna kallo.

Ya dawo da shi, amma ba komai ya koma daidai ba. 'Yar Baba da ta hango Baffa Soja take ɓuya a bayan uwarta tana kuka, shi kuma kowane kukan nata sai ya hana shi cin abinci. Surukai sun tafi da kalmar da suka ji daga bakin Kafinta, ta kuma zagaya unguwa, yara suka fara nuna Saje da yatsa. Kafinta ya bi gida-gida yana gyara maganarsa, amma ba kowa ya saurare shi ba.

Da ƙyar ya shawo kan ƙaninsa ya yarda su je ganin likitan ƙwaƙwalwa. Da suka shiga ɗakin jira sai Saje ya toge. Duk bencinan an jera su suna kallon ofishin likita, ƙofar shigowa tana baya, jikin bangon kuma cike yake da masu tsayuwa.

"Yaya, mu koma. Wata rana ma zo."

Kafinta ya dubi ɗakin da idon mai sana'a. Ya zaunar da shi a ƙarshen wani benci marar majingini, shi kuma ya tsallaka ƙafa ya zauna a juye, bayansa manne da bayan ƙaninsa, fuskarsa tana kallon ƙofa.

"Ni ina ganin ƙofa," ya ce. "Duk wanda ya shigo zan faɗa maka."

Mutane suka fara kallon su, wata mata har tana ƙunshe dariya. Kafinta bai kula ba.

"Wata tsohuwa ce da jikanta. Mai shara ne da bokiti. Wani dogo ne mai tumbi, ko gudu ba zai iya ba, balle ya taɓa ka."

Yana jin bayan ƙaninsa a sandare kamar katako. A hankali, yana ta lissafo masu shigowa, ya ji bayan ya fara saki, har nauyin Saje ya kwanto a kansa. Haka suka zauna har aka kira su wurin likita, suka shiga tare.

Darasi: Kafin ka yi ƙyashin wurin da ɗan'uwanka ya zauna, ka tambayi abin da ya zaunar da shi a wurin. Da yawa daga cikin waɗanda suka dawo daga fagen daga suna ɗauke da raunin da ido ba ya gani, kuma ba girman kai ba ne, ba abin tsokana ba ne, ciwo ne da ke buƙatar likita da haƙurin 'yan'uwa. Ku tura wannan labari ga duk gidan da ke da soja ko tsohon soja, wataƙila akwai wanda ake yi wa mummunar fahimta yana shan wahalarsa shi kaɗai.